Mutumin da Ya Zaunar da Sajan

Kullum da hantsi za ka same shi a shagon aski na bakin titi, alhali sanƙo ya riga mai aski gama aiki a kansa. Yakan ja kujera ya juya wa talabijin baya, ya zuba wa masu kallo ido. Na daɗe ina mamaki: wane irin mutum ne zai rubuta wasa, a saka, ya ƙi kallo?

Ranar da na tambaye shi cewa ya yi, "Ƙanena, wasan ai na san shi. Inda suke dariya ne ban sani ba."

Kawu ke nan, kamar yadda 'yan wasa ke kiransa, marubucin wasannin barkwancin da muka tashi muna kallo, na zaman falo da na tsallake katanga. Sunansa kan wuce da gudu a ƙarshen shiri, lokacin kowa ya miƙe neman takalmi.

Wani mai ɗaukar hoton shirin ne ya ba ni labarin Sajan, ɗan wasan da ya yi suna wajen bin ɓarayi a guje. Wata rana Sajan ya diro daga bayan mota, gwiwa ta goce. Darakta ya ce a cire shi, a kawo matashi. Sajan kuwa ba shi da wata sana'a, ga iyali.

Kawu ya ce, "Ranka ya daɗe, ba gudunsa ake wa dariya ba. Na zauna na gani, fuskarsa ce."

Ya sake rubuta shirin kaf. Sajan ya zama ɗan sandan da ya rantse ba zai ƙara tashi daga kujera ba. Ɓarayi su yi ta gudu, su faɗa kwata, su rufto ta rufin ɗaki, su ƙare a gabansa yana kurɓar shayi. Shirin ya yi ta tafiya har 'ya'yan Sajan suka gama makaranta.

Kawu, kai ne mai saka dariya a bakin wani ka koma gefe. Mun gode. Masu tasowa, ku riƙa duban fuskar mutum kafin ku soke shi daga shiri.

Makon jiya aka yi wa Kawu liyafar ajiye aiki. Yana shigowa, Sajan ya dafa sanda, ya yunƙura da ƙyar, ya miƙe tsaye. Wallahi sai da na share hawaye.

Kawu ya dube shi ya ce, "Zauna, Sajan, kana ɓata min rubutu."