Fuskar da Na Rantse Ba Zan Nuna Ba

A lokacin ina ganin kaina wata tsiya. Budurwa ce ni 'yar Ikara, da 'yar kyamarata, ba kamfani ba ubangida, ina bin ƙauyukanmu ina ɗaukar fim ɗin al'adun da ke ɓacewa. Da yake ni mace ce, gidan da namiji zai tsaya a zaure ni har tsakar gida nake shiga. A haka na ji labarin wata tsohuwa a Janfalan, wadda a zamaninta daga Makarfi har Kudan ba a biki sai an ɗauko ta kiɗan ƙwarya. Tun da ta sauke farali ta daina, ga shi ɗanta ne limamin unguwarsu. Na yi ta sintiri har ta yarda ta yi sau ɗaya, don kada waƙoƙin su bi ta kabari, amma da sharaɗi: murya da hannuwa kawai, ban da fuska. Na rantse mata.

Ranar ɗauka na bar kyamara ta kwashi komai, yadda muka saba, da niyyar in yanke fuskar wajen tacewa. Kiɗa ya yi daɗi, tsohuwa ta manta kanta ta miƙe ta taka rawa, har ɗankwali ya zame. Sai kwamfutata ta lalace, na kai aikin duka wurin wani mai tace fim a Zariya, na ja masa kunne sosai. Wallahi ko yanzu na tuna shi sai zuciyata ta tafasa. Ashe mutumin banzan nan rawar ya yanko, ya ɗora mata kiɗan zamani ya watsa don a yi dariya. A rumfar mai cajin waya a kasuwar Ikara na tarar da 'yan acaɓa sun yi cincirindo suna kallo, wani na cewa ai uwar liman ce. Da na kira mai tace fim ɗin, wai mene ne na tayar da hankali, ai talla ya yi mini kyauta. Ku ji fa, talla. Na zage shi tas, ya goge nasa, amma wa zai bi wayoyin jama'a yana gogewa?

Da na je Janfalan, liman bai ko ɗaga murya ba, ya ce in shiga, ita na yi wa. Na tarar ta daina zuwa ko suna ko ta'aziyya, saboda yara na kwaikwayon rawarta a hanya. Na durƙusa ina ta tsine wa mai tacewa. Ta bari na gama, sannan ta ce, "'Yar nan, ni ban san shi ba. Ke na sani."

Fim ɗin yana nan, ba zan taɓa fitar da shi ba. 'Yan'uwana masu kyamara, abin da aka ce kada ku nuna, kada ma ku ɗauka. Cewa za mu yanke daga baya yaudarar kanmu muke yi, kuma ba mu ne muke shan kunyar ba. Ni ina nan ina yawona, ita kuwa har yau ba ta leƙa ƙofar gida.