Mai Shaida Daga Fulatan

Bayan rasuwar mahaifinmu, ƙanensa ya kai Innarmu kotu kan gonar gyaɗa da ke Gwangwan. Inna ta ce marigayin ya ba ta kyauta tun yana raye, Baffa ya ce a raba gado. Mai shaidarmu ɗaya ne, alƙali kuwa biyu yake nema. Aka rufe jin shaidu, aka sa ranar hukunci.

Ana saura kwana uku, na ji labarin tsohon maƙwabcinmu da ya makance ya koma wurin 'yarsa a Fulatan. Ranar hukunci na ɗauko shi a babur.

"Allah ya gafarta Malam," na ce wa alƙali, "ba mu san yana raye ba. A taimaka a saurare shi."

Baffa ya ce lokaci ya wuce. Alƙali ya ce ai bai yanke hukunci ba tukuna.

Tsohon ya faɗi iyakar gonar daga tsamiya zuwa rafi, sannan ya juya inda ya ji muryar Baffa: "A gabana marigayin ya ba ta kyautar, kai ma kana wurin."

Baffa ya sunkuyar da kai. Alƙali ya tabbatar wa Inna gonarta, daminar nan ni na yi mata huɗa.