Tsagar da ke Kuncin Babanmu

Ni dai tun ranar da mutumin nan ya buɗe shago kusa da tashar motocin Gaya ban yarda da shi ba. Daga ƙetaren gada ya zo, da ordinatar ɗaya, wato kwamfuta, da bakin da ba ya gajiya. Aikinsa ka kai masa tsohon hoto, ya wanke shi cikin na'ura, ya sa masa launi, har mamacin da ke ciki ya ƙyafta ido ya yi murmushi a wayarka. Yana aiki yana ba mutane labarin wata ƙasa inda wai aka yi wa lokaci linzami, ana komawa jiya a ɗebo saƙa da ƙira da waƙar kakanni, har ƙasar ta farfaɗo bayan ta mutu murus. Na tambaye shi motar wane gari ake shiga a je can. Ya ce, "Hajiya, ai mu ma mun kama hanya." Ban taɓa zuwa Makka ba, kuma duk wanda ya yi saurin kirana Hajiya na san akwai abin da yake nema.

Gaskiya dai garin ya motsa. Mata suka zazzage akwatuna suna neman hotuna, 'yan mata suka ga kitson kakanninsu suka ce sai irinsa. Ni tela ce, sai ga shi ana miƙo mini waya ana cewa in ɗinka irin rigar da aka daina sawa tun ina goye. Na ci moriyar abin, ban ce ban ci ba. Amma ina taka keke ina cewa a raina ruwa ba ya tsami banza.

Hoton Babanmu ɗaya ne tak a duniya, wanda aka ɗauka don katin shaida. Shekara ashirin da ɗoriya ke nan da rasuwarsa. A shekarar da kogi ya shigo unguwarmu ruwa ya shiga akwatin Inna, hoton ya lalace, duk ya yi zane-zane. Ƙanena, direban kamiyo, babbar motar kaya, shi ya ɗauke shi ya kai shagon bai shawarce ni ba, don ya san abin da zan ce.

Da ya kawo wayar, Inna ta yi kuka har muka tsorata. Daga nan kullum in ta sallame sallar asuba sai ta ce a kunna mata. Baba ya ɗago kai, ya yi murmushi, ya sake ɗagowa. Wata biyar tana haka. Ni kuwa in na kalla sai in ji akwai abin da bai yi daidai ba, na rasa mene ne. Na zargi mutumin da tsafi, na zarge shi da sayar da fuskokin mutane a ƙetare. Ƙanena ya ce ni ko aljanna aka sa ni sai na leƙa ƙarƙashin gado.

A kasuwar Tanda na gane. Ina ciniki da wani tsoho mai shinkafa, ya juya, rana ta haska tsagar da ke kuncinsa. Nan take na tuna. Babanmu yana da tsaga. Wanda ke cikin wayar Inna kuncinsa sumul yake kamar na jariri.

Washegari na dira a shagon da faɗana. Mutumin bai ko musa ba.

"Na'ura ce ta ɗauka zanen ruwa ne, ta share," ya ce. "Abu mai sauƙi. Hwaɗa mini guda nawa ne, kuma ina suka nufa, yanzun ga in maido su."

Ina yarinya na zauna a cinyar Babanmu, na ja gemunsa, amma ban taɓa ƙirgawa ba. Na ɗauko tsohon hoton, sai na ga daidai kuncin ne ruwa ya fi ci. Ƙanena yana ƙarami aka yi rasuwar, sa'o'in Baba kuma duk sun bi shi. Saura mutum ɗaya.

Na same ta a tabarma tana tsince wake, wayar na gefenta.

"Inna, tsagar Baba nawa ce?"

"Ke ko, wace irin tambaya ce wagga? Ukku mana, nan da nan." Ta ɗaga yatsa za ta zana a kuncinta, sai yatsan ya tsaya. Ta ɗauki wayar ta kalla, ta daɗe tana kallo. Ta ajiye ta rufe ido. Ina ganin leɓenta na motsi tana lissafi.

"Ko huɗu ce?" ta ce a hankali. "In na rufe ido, wanga na waya nike gani."

Ban taɓa jin tsoro irin na ranar ba. Shekara talatin ta yi tana kallon fuskar Baba. Ta riƙo hannuna ta ce, "Ke ce babba, ɗiyata. Ke hwaɗa mini."