Dattijon da Ke Dariya a Tashar Tsafe

A tashar Tsafe muna jiran motar Gusau ta cika. Kusa da ni wani dattijo ne da rawani da takalmin roba mai ɗinki a dunduniya, buhun gero tsakanin ƙafafunsa. Ina zaton manomi ne, zai kai wa 'ya'yansa hatsi birni. Ya riƙe waya nesa da idonsa, yana kallon wasan barkwancin talabijin da ake kwaikwayon masu karanta labarai.

Mai karanta labaran ɗana ne, Tajuddeen, wanda ya rasu wata bakwai ke nan. Yana daidaita takardu, yana gyaran murya sau uku, sannan ya sanar cewa yau babu labari domin manaja bai sa hannu ba. Gyaran muryar nan a wurina ya ɗauka.

Dattijon yana dariya har yana share hawaye da bakin rawani. Ya miƙo mini wayar.

"Malam, diba shaƙiyyin ga! Allah ya ja kwanansa."

Na so in faɗa masa. Sai na ce, "Ya iya."

Kayan Tajuddeen duk an rabar, har kwat ɗin da ke jikinsa a wasan. Dariyar kuwa, na bar wa dattijon.