Arba'in da Ɗaya ga Watan Yaɓe

Ranar arba'in da ɗaya ga watan Yaɓe, da hantsi, Malam Habu ya nuna ni da tsinin bulala ya ce in tashi in faɗa wa 'yan aji uku kwanan wata. Kada ku wahalar da kanku neman ranar a kalandar bango. Tawa ce, ni na ƙirƙiro ta, ita kuma ta raba ni da boko. Na miƙe da ƙafafu futu-futu, na faɗi ranar tsakanina da Allah. Dariya ta ɓarke har ta kai aji huɗu.

Gidanmu yana wani lungu kusa da Ƙofar Na'isa, bayansa kuma akwai kududdufi. Can ake aikena zubar da toka da koro agwagin Inna, ni kuwa in share wuri in zauna har tuwo ya huce. Karatu bai taɓa kwana a kaina ba, ko sunana na rubuta sai an tambaye ni me nake nufi. Amma kunne kam Allah ya ba ni. A bakin ruwan nan na yanke cewa akwai gari a ƙarƙashi, Birnin Amo. Mutanensa ta cikin ruwa suke hango wata, ruwa kuwa motsi yake, don haka ba su yarda da ido shi kaɗai ba. A wurinsu sabon wata sai da shaidu biyu: a ga jinjirin wata, a kuma ji sabon sauti daga unguwarmu. In sautin bai zo ba, tsohon wata ya ci gaba da zama, ko kwana ɗari zai yi.

Akwai watan Tari, lokacin sanyi, da tsofaffin zaure ke karɓa wa juna. Akwai watan Mafici, da zafi ke hana kowa magana sai fifita. Sai Yaɓe, da magina ke ɗaɗa laka a bango kafin damina, sai Kwaɗi, sai Tsawa, sai Turmi in sabon gero ya shigo gari. Watan Bugu shi ne mai yawo, duk inda salla ta faɗo nan yake, mabugan Baba da abokan sana'arsa suna ta sauka a kan shadda tun safe. Duk na zana su da gawayi a takardar buhun siminti, kowane wata da hotonsa, na ninke ina yawo da ita a aljihu. A shekarar nan ruwa ya makara. Jinjirin wata ya tsaya, kwaɗi ba su ce uffan ba, saboda haka Yaɓe ya zarce. Ina laifina a nan?

Malam Habu ya lalubo takardar, ya warware ta, ya riƙe ta a juye. Har gobe wannan juyin yana ci mini rai. Da 'yan aji suka ce masa kukan kwaɗi nake jira, ya ce, "Wata ba ya jiran kwaɗo, sakarai." Sannan ya ba ni zaɓi: in ce shirme ne a gaban kowa a mayar mini da ita, ko in sha shida in rasa ta. Da ina da wayo da na ce shirme ne, ƙaryar da ta fi wannan ma ina yin ta kullum kafin kalaci. Amma bakina ya ƙi. Na ce, "Malam, ai ba a ji su ba tukuna." Na sha shida. Da aka fita hutun ƙarfe tara na tarar ya miƙa wa mai ƙosan bakin makaranta takardar, ta yayyaga tana ƙunshi da ita. Da idona na ga watan Tari ya jiƙe da mai a hannun wani yaro mai majina.

Ba bulalar ce ta dame ni ba. Na sha wadda ta fi ta ranar da na ɗaura wa keken Malam gwangwani, kuma na cancanta. Abin da ban yafe ba, mutumin da ake biya don ya koyar bai tambaye ni ko sau ɗaya ba me ya sa. Washegari na ƙi komawa. Baba bai ja da ni ba, ya miƙo mini mabugi ya ce, "Tunda kunne gare ka, zauna ka bi sauti." Na zauna, har furfura ta same ni a wurin.

Yanzu an cike kududdufin da shara an jera shaguna a kansa. Inji ya kori turmi, siminti ya kori yaɓe, janareto ya danne saura, duk shekara muryarsa ɗaya. Jikokina a waya suke duba kwanan wata, kuma ba wanda ya taɓa dukansu a kai. Ni dai duk magaribar da aka ce wata ya tsaya nakan fito ƙofar gida in kasa kunne. Tun shekarar da aka rufe ruwan ban sake jin kwaɗo ba. A lissafina, har yau muna cikin Yaɓe.