Ribom Mai Baƙi da Ja

Mun tashi daga Magariya da asuba, raɓa ba ta bar ganye ba, mu biyu a bayan wata kamiyo, babbar motar kaya, mai ɗauke da buhunan gishiri: ni da wani dattijo manomi, mutumin Yekuwa. Kafin in shiga bayanin hanya, wajibi ne in gaya wa mai karatu abin da ya raba ni da kujerata, domin ni ba mai yawon banza ba ne.

Ni ne sakataren da ke buga takardun haihuwa a biro ɗinmu, wato ofishin gwamnati na garin. Keken rubutuna yana aiki ne da wani siririn ƙyalle mai tawada, rabinsa baƙi rabinsa ja, wanda haruffa ke duka su bar sawunsu a kan takarda. Da faransanci ruban muke ce masa. Tun farkon damina nawa ya bushe. Na juya shi, na sake juyawa, na ɗiga masa kananzir, har ta kai harafi yana fitowa kamar inuwar sauro. Na rubuta wa na sama da mu, shiru. Na sake rubutawa, shiru. Sauran kekunan garin ƙishirwa ɗaya muke yi da su, duk wanda na aika Damagaram kuma sai ya dawo mini hannu rabbana.

Shi kuwa dattijon, ƴarsa Zuwaira ce ta ci jarrabawa, aka ba ta gurbi a kwaleji a Damagaram, abin da ba a taɓa yi ba a zuriyarsu. Sharaɗin ɗaya ne: takardar haihuwa bugun keke, da tampo, wato hatimi, da sa hannu, kafin ranar buɗe makaranta, in ba haka ba a ba wani gurbin. Na rubuta mata da hannu, da mafi kyawun rubutun da Allah ya ba ni, aka maido. Daga nan dattijon ya bar girbinsa, kullum yana zaune ƙarƙashin bedin ƙofar biro. Bai taɓa ce mini komai ba ban da gaisuwa, kuma shirun nan nasa ya fi zagi ciwo. Ana cikin haka wani direba ya ce mini a kasuwar Guci akwai wani ɗan koli Bakano mai sayar da ribom kowane launi, har da mai baƙi da ja. Na san ribom shi ne ruban a bakin mutanen Ingila da ƴan'uwanmu na ƙetaren iyaka. Na nemi izini. Dattijon ya ce ƙafarsa ƙafata.

Wanda ya ga ƙasar nan a shekarun fari da suka wuce, ya kuma gan ta a kakar bana, zai yi zaton daga wani mugun barci ya farka. Gero ya rufe hanya hagu da dama, zangarniya tana shafar jikin mota kamar masu miƙo hannu a gaisa. Inda muka bar ƙasusuwan shanu bara waccan, yau wake ne ya yi yaɗo. Gawo ya tsaya tsirara a tsakiyar kore, kamar yadda ya saba, shi kaɗai bai yarda da damina ba. Rana ta fito a hankali ta bayan goribai, hayaƙin rugage ya kwanta a kan gonaki bai tashi sama ba, har na daina jin ƙarar mota, na ga kamar a kan ruwa muke tafiya. Wani rami ne ya dawo da ni duniya, ya kuma tuna mini cewa gishiri ba katifa ba ne.

A Dantchiao kamiyo ta tsaya, domin nan ne iyakarta. Muka zauna a rumfar wani mai shayi, muka aika aka damo mana fura da nono na dala biyu, mai kauri, wadda ludayi ke tsayawa a cikinta. Dafaffiyar gyaɗa sabuwar haƙa kuwa kusan kyauta ake ba da ita. A rumfar akwai wani tsohon soja, daga cikin waɗanda suka yi wa Faransa yaƙi, sanye da tsohuwar rigarsa ta kaki. Da ya ji abin da muka fito nema, sai ya bugi ƙirji.

"Ruban? Yaro, ai ka iso. Ga shi nan."

Ya nuna mini wani ɗan ƙyalle da ya koɗe, wanda lambar yabonsa ke rataye a jiki. Na yi masa bayani cikin ladabi cewa nawa na keken rubutu ne.

"Keke kuma? Mu da jini muka samo namu, ku kuna nema wa keke!"

Mai shayi ya ce duk mun ɓata. Shi ruban da ya sani shi ne wanda aka ɗaure a ƙofar sabon ɗakin shan magani, wani babban mutum ya zo da almakashi ya yanka, aka yi tafi, yara suka yi wawar guntayen. Ya ce har yanzu nasa guntun yana ɗaure a wuyan tunkiyarsa, kuma tun daga ranar tagwaye take haihuwa. Kowa ya yi dariya ban da ni. Ina so a rubuta wannan a ajiye: ƙyallen da za a yanka a yi tafi bai taɓa yankewa a sito ba, amma wanda za a buga wa ƴar talaka takarda da shi, damina guda ana jiransa.

Daga nan amalanken shanu muka hau. Tafiyar amalanke ba ta mai gaggawa ba ce, tana koya wa mutum cewa ƙasa tana da faɗi. Muka ratsa fadamu masu rake da rogo, muka wuce tafkuna da bado ya rufe, balbelu tsaye a gefensu kamar an shanya fararen kaya. Mata na ɗaurin dami suna ɗaga mana hannu. Dattijon, wanda bai cika magana ba, ya ce mini tun Zuwaira tana ƙarama take karanta rubutun jikin buhu da na gwangwani, har na jikin kwalin ashana. Ya ce, "Ni ban san abin da take gani a ciki ba, Malam sakatare. Amma in tana karatu, fuskarta irin ta uwarta ce in ta ga hadari ya haɗo." A Dungas muka kwana, a zauren wani abokin aikina, da sassafe muka kama hanyar Guci.

Kasuwar Guci tun daga nesa ake jin ta, kamar kukan zuma a kogon kuka. Ga kara cike da bisashe, ga masu tabarmi da igiyar kaba, ga Fulani mata da ƙoren nono, ga kanwa tsibi tsibi. Rake kara guda dala, tsire tsinke dala biyu, kuma mai tsiren ba ya rowar ƙuli. Ban tsaya ba. Tambaya ɗaya na yi aka nuna mini rumfar ɗan kolin, can kusa da masu tuyar ƙosai.

Rumfar tana walƙiya da madubai da ƴan kunne da kwalaben turare. Daga saman rumfar kuma wasu dogayen ƙyallaye ne ke reto, iska tana kaɗa su, kore da shuɗi da ruwan ɗorawa. Ƴan mata sun yi cincirindo a gabansu. Ban kawo komai a raina ba. Na yi sallama, na gyara tsayuwa, na ce ina son ribom mai baƙi da ja, gwargwadon abin da zai cika ƙwarya biyu ta keke, waɗanda ake naɗe shi a jikinsu.

"Kamu nawa ke nan?"

"Kamar kamu ashirin."

Ya dube ni daga hula har takalmi. "Kamu ashirin! Badamagare, amarya za ka yi, ko ƴan matan garinku duka ka ɗauki nauyinsu?"

Kafin in ba shi amsa ya jawo wani naɗi daga ƙarƙashin tebur, ya auna da hannunsa, almakashi ya ce ƙaras. Ya miƙo mini. Baƙi da ja ne, babu ƙarya, tsawonsa a rabe biyu kamar yadda na faɗa. Sai dai babu ɗigon tawada a jikinsa. Ƙyallen ɗaure gashi ne. A lokacin ne na lura cewa kowace yarinya a wurin akwai irinsa a ƙarshen kitsonta.

Na ce masa wannan yaudara ce, ni ma'aikacin gwamnati ne, ruban na keken rubutu na zo nema.

"Me ya ruɓa? Kayana babu ruɓaɓɓe!"

"Ruban na ce!"

"To ka ji matsalarku. Ku Faransa ta lanƙwashe muku harshe, mu Ingila ta lanƙwashe mana, ga shi mun haɗu a Guci ba ma jin juna. Zauna in karantar da kai, bawan Kanawa. Wannan na gashi, ribom. Na ƙirjin soja, ribom. Wanda gwamna ke yankawa, ribom. Na keken akawu ma ribom ne, amma shi sai Kano. Su kuwa waɗannan," ya nuna ƴan matan, "ko robar ɗaure gashi ce ribom suke ce mata, ko da babu zare ɗaya a jikinta. Ni duk ɗaya ne a wurina, tunda a cikin ribom akwai riba."

Ƴan matan suka tuntsire da dariya. Na san tsakanin Bakano da Badamagare wasa ne, ba a fushi, amma ranar sai da na tuna wa kaina wannan doka sau da yawa. Na ce ya karɓi abinsa. Ya ce abin da almakashi ya ci ba ya komawa naɗi, kuma a nan gaskiyarsa ce, domin ni na faɗi launi, ni na faɗi tsawo. Na biya. Na juya na dubi dattijon. Bai yi dariya ba, bai kuma yi fushi ba. Cewa kawai ya yi, "Allah bai nufa ba, Malam sakatare. Mu koma, gero na jirana." Da ya zage ni da na fi samun sauƙi.

Komowarmu ma a amalanke ce. Rana ta take, shanu suna tafiya kamar masu tunani, ƙafar amalanke tana kuka iri ɗaya. Ina riƙe da ƙyallen, ina murza shi a tsakanin yatsuna saboda haushi, har gyangyaɗi ya sace ni. Sai na ga kaina a biro, amma biron babu rufi, gero ya tsiro tsakanin teburori. Ƴan matan kasuwa suna wucewa ɗaya bayan ɗaya, kowace ta kwance ribom ɗin kanta ta kaɗa, haruffa suna zubowa daga gashinta kamar tsaba, suna jeruwa da kansu a kan farar takarda. Tsohon sojan yana tsaye yana sara musu. Na miƙa hannu in tsinci harafi ɗaya, sai amalanke ta faɗa wani kwari na farka.

Muna bakin wani tafki, mai amalanke yana shayar da shanu. Na dubi abin da ke hannuna kamar yau na fara ganinsa. Na ɗora shi a kan ɗan yatsana manuni: faɗinsa faɗin yatsan, daidai da na keke, wanda hannuna ya san shi kamar yadda ya san hanyar bakina. Na ɗaga shi ga rana, saƙarsa siririya ce, matsattsiya. Shekara da shekaru ina kiran na kekena da sunansa na faransanci, har na manta cewa ƙyalle ne kawai da ya sha tawada. Ban gaya wa dattijon komai ba, don kada in sa masa rai sau biyu.

Da muka iso Magariya ban biya gida ba. Na buɗe biro, na zuba tawadar tampo a faranti, na ɗiga mata man keken ɗinki don kada ta bushe da wuri. Na yanke kamu ɗaya na ajiye gefe, sauran na bi shi da tsumma a hankali har ya sha, na shanya a inuwa, na naɗe a ƙwaryar keke. Hannuwana suka yi shuɗi har wuyan hannu. Na sa takarda, na yi bisimilla, na daki harafin farko na sunanta. Ya fito. Gefensa da ɗan gashi gashi, launinsa kuma ya fi kusa da na makuba, amma ko daga bakin ƙofa ana karanta shi. Kumandan, shugaban biro ɗinmu, ya sa hannu, ya shinshina takardar, ya dube ni, bai tambaya ba, ni ma ban faɗa ba.

Na fita ƙarƙashin bedi na miƙa wa dattijon takardar, tare da kamu ɗayan da bai sha tawada ba. Ya riƙe takardar da hannu biyu, a juye, ya daɗe yana kallonta.

Abin da tafiyar nan ta koya mini shi ne, kalma ma matafiyiya ce. Takan ƙetare iyaka ba tare da ta nuna wa kowa takarda ba, a kowane zango ta sauke wani kaya ta ɗauki wani, kuma wanda ya san ta a gida ɗaya kada ya rantse ya san ta. Wannan bai wanke waɗanda suka bar mu damina guda babu kayan aiki ba. Na sake rubuta musu, kuma da ribom ɗin ƴan mata na buga wasiƙar, na faɗa musu haka a layin ƙarshe.

An karɓi takardar a Damagaram. Ranar da motar ƴan makaranta za ta tashi, na tsaya a tasha daga nesa. Ban taɓa ganin Zuwaira ba, amma ban tambayi kowa ba. Tana zaune a kan akwatinta na kwano a bayan mota, ɗankwalinta ya ɗan zame, iska tana wasa da wani abu baƙi da ja a ƙarshen kitsonta.