Ranar da Maser Ta Ce In Kira Sunan Ɗana

A shekarun da aka zabge wa ma'aikata albashi, kuɗin magani ya ninka, mu matan unguwar Briqueterie muka koyi hanyar wani ƙaramin asibitin mishan da ke wajen unguwar Messa. A asibitin gwamnati sai ki wuni a kan benci babu mai ce miki sannu. A na mishan kuwa akwai wata tsohuwar sista 'yar Italiya, gajeruwa, mai faɗa, wadda kowa ke kira Maser. Hannunta da sauƙi wajen allura, bakinta ne dai ba ya hutawa. Tana duba yaro tana ba ki labarin iyaye mata na ƙasarsu, da Faransanci haɗe da 'yar Hausar da ta tsinta a bakinmu. Wai a can dattijo mai furfura in ya yi tuntuɓe uwarsa yake kira. Wai uwa tana rungume ƙaton ɗanta a tsakiyar kasuwa ta sumbace shi, kuma kowace Lahadi 'ya'ya da jikoki suna cika mata ɗakin girki. Karin maganarsu a kan uwa ba ya ƙarewa a bakinta. Mu kuwa sai mu dawo gida muna kwaikwayonta a bakin famfo, muna cewa lallai Turawa ba su gaji kunya ba. Ni ce kan gaba, don na yi makaranta, ina jin duk abin da take faɗa.

Da damina zazzaɓi ya kama ɗana na fari, yana ɗan shekara shida. Maigidana ya tafi Garoua sarin yadi. Wata safiya yaron ya fara sanƙarewa yana juya idanu, surukata ta goya shi, ni kuma na biyo bayanta da flas da zani. Taksi ba ya shiga lungunmu in an yi ruwa, haka muka taka jan taɓo har bakin titi.

Maser ta kwantar da shi, ta taɓa wuyansa, ta buɗe idonsa. Ranar babu labari ko ɗaya. Ta sa masa ƙarin ruwa da maganin zazzaɓi, sanƙarewar ta lafa, amma ya kwanta shiru, ko yatsa ba ya motsawa. Ta gaya mana gaskiya: idan ya ji murya ya amsa kafin la'asar, magani ya karɓe shi, zai zauna a wurinta. Idan bai amsa ba, ciwon ya hau kansa, sai mu ɗauke shi zuwa babban asibiti. Duk mun san yadda yaran unguwa ke dawowa daga can a wannan lokacin.

Surukata ta zauna a bakin gado tana shafa kansa, tana kiransa da laƙabin da mutanen gida ke kiransa. Shiru. Ni ina tsugune a bakin ƙofa, na dafe bango. Rana ta raba tsaka, aka kira azahar, yaro bai motsa ba.

Can Maser ta juyo ta dube mu.

“Wace ce maman yaro?”

Surukata ta nuna ni da haɓa.

“Ke? Kuma kina can? Zo nan, madam. Kira shi da sunansa. Muryar mamansa yake jira.”

Na sunkuyar da kai. A wurinmu uwa ba ta kama sunan ɗanta na fari, ba ta wasa da shi a gaban mutane, balle a gaban surukarta. Shi ya sa tun da aka yaye shi ɗakin kakarsa yake kwana. Ga shi kuma sunan marigayi mahaifin maigidana aka sa masa. Tun ranar suna bakina bai taɓa furta shi ba. Na yi ƙoƙarin bayyana mata da Faransanci, a hankali, don kada surukata ta gane.

Ai kuwa sai tsohuwa ta hau ni da faɗa. Ta ce ta yi shekaru a ƙasar nan, ta ga yunwa, ta ga kuturta, ba ta taɓa ganin uwar da ke jin kunyar ɗan da ta haifa ba. Ta ce a garinsu uwa sai ta tsaga wuta don ɗanta. Raina ya ɓaci matuƙa. Matar da ba ta taɓa naƙuda ba ce za ta koya mini son ɗa? Na so in gaya mata wa ke tashi da asuba ya dama masa kunu, ya ba kakarsa ta miƙa masa. Amma allurar hannunta ce a jikin ɗana.

Surukata ba ta jin Faransanci, amma ba yarinya ba ce. Ta miƙe ta gyara mayafi.

“Bari in je in yi alwala.”

“To, Inna.”

Ta riga ta yi azahar, kuma la'asar da saura. Ta fita ta ja mana ƙofa.

Na matso bakin gadon. Na sunkuya daidai kunnensa na faɗi sunan. Ya fito mini baƙo, kamar na ɗauki kayan wani ba da izini ba. Yaro bai motsa ba. Na sake faɗa, da taushi, yadda na ji Maser na yi wa jarirai. Ko gashin idonsa bai girgiza ba. Maser ta dubi agogon hannunta, ta dubi robar ruwan, ta ce wa wata ma'aikaciyarta ta leƙa titi ko za a samu taksi.

Jin kalmar taksi sai tsoro ya juye mini zuwa fushi. Ban san lokacin da na daki katifar ba.

“Kai! Ba da kai nake ba? Tashi mana!”

Sai ga idanunsa sun buɗe. Ya dube ni, ya ɗan janye jikinsa zuwa bango, leɓɓansa a bushe. Maser ta tafa hannu tana gode wa Allah da yarensu, ta ce a fasa taksin, ta ce ba ta gaya mini ba, yaro ya san muryar uwarsa. Haƙiƙa ya san ta. Ni dai kunnena na wurin bakinsa, don na ga yana son magana. Na yi murna irin wadda ban taɓa yi ba, kuma a cikin murnar nan zuciyata ta karye, domin abin da ɗana ya fara ce mini bayan ya dawo shi ne:

“Ban yi komai ba.”